Gobarar Iskandariyya da wasiƙar Kogin Nilu: yadda aka warware saɓani kan maƙalar Amru ɗan Asi

Saɓanin ya taso ne a kan sakin layi guda, a cikin maƙalar da aka rubuta kan Amru ɗan Asi, Allah Ya yarda da shi, don wani kundin tarihin sahabbai da buɗe garuruwa da muke shiryawa da Hausa saboda ɗaliban manyan azuzuwan Islamiyya da sauran masu karatu. Tsarin aikin shi ne kowace maƙala sai mutum biyu sun duba ta kafin ta iso teburin edita: malami guda daga ɓangaren hadisi da sira, da masani guda daga ɓangaren tarihi na jami'a. Ni ke riƙe da teburin. Marubucin maƙalar matashi ne mai ƙwazo, Larabcinsa ya nuna, kuma ba ya ganin ƙyashin bincike.

Ga abin da ya rubuta. Bayan Musulmi sun karɓi Iskandariyya daga hannun Rumawa a 642 Miladiyya, Amru ya aika wa Halifa Umar ɗan Haɗɗabi yana tambayar yadda zai yi da littattafan babbar taskar birnin. Halifa ya amsa cewa idan abin da ke cikinsu ya dace da Littafin Allah, to Littafin Allah ya wadatar, idan kuwa ya saɓa masa, to babu buƙatarsu. Sai aka rarraba su ga gidajen wanka 4,000 na birnin, aka yi wata 6 ana hura wutar dafa ruwa da su. A ƙasan shafin ya jera madogara biyar: Abdullaɗif Albagdadi, Ibnul Ƙifɗi, Ibnul Ibri, Maƙrizi, da Jurji Zaidan.

Malamin hadisin, dattijo ne da kusan duk mun zauna a gabansa, ya ja jan biro a kan sakin layin tun daga farko har ƙarshe, ya rubuta a gefe cewa ƙaryar mustashriƙai ce, wato Turawa masu nazarin Musulunci da ƙasashen Gabas, a cire ta gaba ɗaya. Masaniyar tarihin, wadda muke kira Dakta, ta rubuta cewa kada a cire, domin labarin ya yi fice a duniya kuma ɗalibi zai ci karo da shi ko mun so ko mun ƙi, amma kada a kawo shi a matsayin abin da ya tabbata. Shi kuwa marubucin ya dage cewa bai ƙirƙiri kome ba, littattafai biyar ne suka faɗa, uku daga ciki na malaman Musulmi, don haka wanda zai goge masa rubutu sai ya kawo shida. Aka yi ta musayar takardu, kowa na ƙara tsawaita bayaninsa, ba wanda ya gusa daga inda yake.

An ba da shawarar a ƙirga hannaye a kwamiti. Na ƙi, domin ƙuri'a za ta nuna wa ya fi magoya baya ne kawai, kuma a irin wannan zama matasa ba za su ɗaga hannu su saɓa wa malaminsu ba ko da suna da ja. Abin da na nema shi ne mu zauna mu huɗu da farar takarda guda, mu rubuta sunan kowane marubuci da aka kafa hujja da shi, da shekarar rasuwarsa, da wurin da ya ce ya samo labarin. Sharaɗi ɗaya na gindaya: ba za a ambaci addinin marubuci ko ƙasarsa ba sai an gama cika takardar.

Da aka jera su, Abdullaɗif Albagdadi ne ya zo kan gaba. Likita ne ɗan Bagadaza da ya zauna a Masar wajen shekara ta 1200, ya rasu a 1231. Dakta ta buɗe littafinsa Al'ifada wal I'itibar, ta miƙa wa marubucin ya karanta da bakinsa. Maganar ba ta wuce layi kaɗan ba. Yana bayanin ginshiƙan dutsen da ya gani kewaye da dogon ginshiƙin nan na Iskandariyya, sai ya ce yana ganin nan ne Aristo, masanin falsafar Girka, ya koyar, kuma nan ne taskar littattafan da Amru ya ƙona da izinin Umar. Bai ce wane ya gaya masa ba, bai ambaci littafin da ya ciro ba. Kuma rabin farko na jimlar kuskure ne da kowa ya sani, domin Aristo a Atina ya yi makarantarsa, ya mutu a 322 kafin haihuwar Annabi Isa, bai taɓa koyarwa a Iskandariyya ba. Tsakanin wannan jimla da shigar Amru birnin akwai sama da shekara 550.

Cikakken labarin, da tambayar da amsar da gidajen wankan, yana wurin Ibnul Ƙifɗi, wanda ya yi waziri a Halab ya rasu a 1248, cikin littafinsa na tarihin masu hikima. A can aka ce wani malamin Kirista mai suna Yahaya Annahwi ya saba da Amru, ya roƙe shi littattafan, shi ya sa aka rubuta wa Madina. Nan ma babu isnadi, wato sarƙar mutanen da labarin ya biyo ta bakinsu. Da muka bi nassin kalma bayan kalma sai wani abu ya fito wanda marubucinmu bai lura da shi ba: Ibnul Ƙifɗi bai ce gidajen wanka 4,000 ba ne, cewa ya yi an faɗi adadinsu amma ya manta. Lambar 4,000 daga wata ruwaya dabam ta fito, wato wasiƙar da aka ce Amru ya aika yana siffanta girman birnin, da fadodinsa da gidajen wankansa da wuraren wasanninsa. 'Yan baya ne suka ɗinke biyun wuri guda, marubucinmu kuma ya same su a ɗinke ya ɗauka haka suke tun asali.

Sauran ukun ba su ɗauke mu lokaci ba. Ibnul Ibri, babban limamin Kirista na cocin Suriyaniyawa da ya rasu a 1286, ya kawo labarin kusan da lafazin Ibnul Ƙifɗi. Maƙrizi, wanda ya rasu a 1442, ya maimaita maganar Abdullaɗif. Jurji Zaidan ya rubuta nasa a farkon ƙarni na 20, kuma da waɗannan ɗin dai ya kafa hujja. Idan mutum goma suka shigo kasuwa da labarin haɗari, aka bincika aka ga duk daga bakin direba ɗaya suka ji a tasha, shaida ɗaya ake da ita. Madogara biyar ɗin marubucinmu sun koma biyu, duka na ƙarni na 13, duka ba su da isnadi.

Sai batun Yahaya Annahwi. Shi ne masanin falsafar da Turawa ke kira John Philoponus. An haife shi wajen 490, yana tsakiyar rubuce-rubucensa a 529, ya mutu wajen 570. Kafin ya zauna da Amru a 642 sai ya kai kimanin shekara 150 a duniya. Ruɗanin ya girmi Ibnul Ƙifɗi, domin Ibnun Nadim a cikin Fihrist, wanda ya haɗa a 987, ya ce Yahaya ya riski Amru kuma Amru ya girmama shi. Amma Ibnun Nadim, mutumin da sana'arsa littafi ce kuma littafinsa kacokan kan littattafai yake, bai ce uffan kan ƙona taska ba.

A nan marubucin ya yi wata magana da na ji daɗinta. Ya ce: "Allah gafarta Malam, Dakta, shirun mutum ai ba hujja ba ne. Don wane bai faɗi abu ba, ba shi ke nuna abin bai faru ba." Gaskiya ya faɗa, kuma wannan ne ya tilasta mu tantance wane irin shiru ne ke da nauyi. Matsayar da muka cimma ita ce shiru yana zama hujja idan mai shirun yana kusa da abin, yana rubutu a kan ainihin batun, kuma yana da dalilin da zai sa ya faɗa da ya sani. Ibnu Abdil Hakam, ɗan Masar da ya rasu a 871, littafi guda ya yi kan buɗe Masar, har filayen da kowace ƙabila ta sauka a Fusɗaɗ ya lissafa, bai ambaci gobarar ba. Balazuri da ya rasu a 892 da Ɗabari da ya rasu a 923 ba su ambace ta ba. Marubucin ya ce wataƙila sun rufa wa sahabi asiri ne. Sai Dakta ta kawo Kiristoci biyu. Yohanna, bishof na garin Nikiyu a Masar, ya rubuta tarihinsa a ƙarshen ƙarni na 7, lokacin da waɗanda suka ga yaƙin da idonsu suna raye. Ba masoyin Amru ba ne, ya zarge shi da tsananta haraji da kashe mutane a garuruwan da aka ci, amma bai ce ya ƙona littafi ba. Sa'idu ɗan Baɗriƙ, shugaban cocin Iskandariyyar kanta wanda ya rasu a 940, ya ba da labarin cin birnin dalla-dalla, shi ma babu gobara a ciki.

Dakta da kanta ta ja hankalinmu ga raunin shaidar Yohanna, abin da ya ƙara mata daraja a idona, tun da hujjar tata ce. Asalin littafin ya ɓace. Abin da ya iso mu fassara ce ta tsohon harshen Habasha da aka yi a 1602 daga wata fassarar Larabci, kuma akwai giɓin kimanin shekara 30 a cikinsa gab da zuwan Musulmi. Saboda haka muka amince ba za mu ɗora hukunci a kansa shi kaɗai ba. Ƙarfin maganar yana ga haɗuwar shirun Musulmi da na Kirista tsawon ƙarni biyar da rabi, tare da mutumin da ya mutu shekara 70 kafin zaman da aka ce an yi da shi. Ga kuma abin da masana suka fi karkata gare shi, cewa taskar ta daɗe da lalacewa kafin zuwan Amru: gobarar yaƙin Ƙaisar Yuliyus a 48 kafin haihuwar Annabi Isa, da rushe unguwar fada a yaƙin 272, da rushe haikalin Serapis a 391.

Marubucin ya sauko. Da takardar ta cika, sai muka koma kan abin da Malam ya rubuta a gefe. Labarin bai fito daga mustashriƙai ba. Musulmi biyu ne suka fara rubuta shi. Ya shiga Turai ne a 1663, lokacin da Edward Pococke ya buga littafin Ibnul Ibri a Okisfod tare da fassarar Latin, kuma lalle an daɗe ana amfani da shi wajen sukar Musulunci. To amma cikin waɗanda suka rushe shi akwai limamin cocin Faransa Eusèbe Renaudot a 1713, da Edward Gibbon, da Alfred Butler a littafinsa kan cin Masar na 1902, da Bernard Lewis a 1990, tare da malamin Indiya Shibli Nu'umani wanda ya yi masa raddi tun 1892. Da mun buga cewa ƙaryar Turawa ce, ɗalibin da ya je ya buɗe Ibnul Ƙifɗi zai kama mu da kuskure, kuma daga ranar ba zai sake yarda da sauran shafukan kundin ba. Malam ya yi shiru na ɗan lokaci, sannan ya ce a goge abin da ya rubuta a gefen, hukuncinsa kan labarin yana nan, dalilin ne ya sauya.

Da a nan aka tsaya, da an watse cikin sauƙi. Amma shafi biyu gaba a cikin maƙalar akwai wani labarin, wanda babu mai jan biron da ya taɓa shi, kuma duk wanda ya tashi yana sauraron wa'azi a ƙasar Hausa ya san shi. Mutanen Masar suka zo wa Amru suka ce kogin Nilu ba ya cika sai an yi wa budurwa ado an jefa ta ciki a watan Ba'una na kalandarsu. Amru ya ce wannan ba zai yiwu a Musulunci ba. Kogin ya ƙi tasowa wata 3, har mutane suka yi haramar ƙaura. Umar ya aiko da 'yar takarda zuwa ga kogin cewa idan da ikon kanka kake gudana to kada ka gudana, idan kuwa Allah ne ke gudanar da kai to muna roƙon Sa Ya gudanar da kai. Aka jefa takardar, kogin ya tashi kamu 16 a dare ɗaya. Dakta ta ce a ɗora wannan ma a kan farar takardar.

Malam bai ji daɗi ba, ya kuma faɗa a fili. Ya ce: "Dakta, wannan fa yana cikin Ibnu Abdil Hakam ɗin da kika gama kafa hujja da shi yanzu, Ibnu Kasir ma ya kawo shi. Karamar waliyyai gaskiya ce, balle ta Umar." Ta amsa cikin ladabi: "Allah gafarta Malam, ban musa karama ba, kuma ban isa ba. Isnadin kawai nake so ka karanta mana, kai ne gwaninsa." Ya ɗauki littafin, ya gyara tabarau, ya karanta: daga Ibnu Lahi'a, daga Ƙaisu ɗan Hajjaju, daga wanda ya ba shi labari. Ya ajiye. Shi da kansa ya yi mana bayanin cewa Abdullahi ɗan Lahi'a, alƙalin Masar da ya rasu a 174 bayan Hijira, malaman hadisi sun yi magana kan haddarsa, musamman bayan littattafansa sun ƙone a ƙarshen rayuwarsa, kuma mutumin da ke ƙarshen sarƙar ba a ma san ko wane ne ba. Ruwayar mai rauni ce, bai yi kwana-kwana ba.

Amma bai yarda a sa labaran biyu a kwando ɗaya ba, kuma a nan nake ganin shi ke da gaskiya. Ya ce labarin kogi yana da isnadi ko da ya gurgunce, yana cikin littafin da aka rubuta shekara 200 da ɗoriya bayan abin, kuma malamai sun saba sassautawa a ruwayoyin tarihi da falaloli fiye da yadda suke yi a halal da haram. Labarin taska kuwa ba shi da isnadi sam, kuma sai bayan ƙarni biyar da rabi ya bayyana. Na farko mai rauni ne, na biyu ba shi da asali, kuma waɗannan darajoji biyu ne dabam a wurin ma'abota fannin. Dakta ta karɓi bambancin, amma ta ƙara abin da ba a cika tunawa ba idan ana ba da labarin a kan mumbari: cikinsa akwai tuhumar al'umma guda da kashe 'ya'yansu mata kowace shekara. Kibɗawa, wato mutanen Masar na asali, a 642 sun yi ɗaruruwan shekaru suna Kirista, kuma ba a san wannan al'ada a rubuce-rubucen cocinsu ko na Rumawan da suka mulke su ba. Idan mun ƙi a jingina wa Umar ƙona littattafai ba tare da hujja ba, ba daidai ba ne mu jingina wa Kibɗawa kisan 'yan mata da ruwayar mutumin da ba a san sunansa ba, don kawai ƙarshen labarin yana faranta mana rai.

Wannan ne wurin da na fi jin nauyin aikin. Cire labarin da ke ɓata sunan wanda kake ƙauna ba ya buƙatar wani ƙarfin hali. Labarin da ke yabonsa, wanda ka ji tun kana yaro daga bakin malaman da kake girmamawa, shi ne mai wuyar ɗorawa a sikeli. Magabatanmu kuwa ba su ɓoye mana wannan ba. Ɗabari ya faɗa a gabatarwar tarihinsa cewa duk abin da mai karatu ya ga ya ƙi shi a ciki, to ya sani ba daga gare shi ya fito ba, daga masu ruwaitowa ne, shi isar da shi kawai ya yi yadda aka isar masa. Ibnu Haldun ya buɗe Muƙaddima da sukar masu tarihin da ke kwafar adadin runduna ba tare da sun auna shi da hankali ba. Kasancewar labari a cikin babban littafi ba ya nufin mai littafin ya tsaya masa, kuma wannan ilmi namu ne tun kafin wani Bature ya zo da shi.

Yadda aka rubuta a ƙarshe shi ne haka. Labarin taska ya bar jikin tarihin Amru, ya koma wani ɗan sashe a ƙarshen maƙalar mai taken abubuwan da ake jingina masa. An ce ya fara bayyana ne a ƙarni na 13 wurin Abdullaɗif da Ibnul Ƙifɗi ba tare da isnadi ba, an kawo matsalar shekarun Yahaya Annahwi, an ambaci waɗanda suka yi shiru a kansa Musulmi da Kirista, an rufe da cewa masu bincike na ɓangarorin biyu ba su karɓe shi ba. Lambar 4,000 ta fita. Labarin kogi shi ma ya koma wannan sashen, da lafazin "Ibnu Abdil Hakam ya ruwaito", aka bayyana cewa a isnadin akwai Ibnu Lahi'a da wani mutum da ba a ambaci sunansa ba, aka kuma sa jimla guda cewa ba a san al'adar jefa budurwa daga majiyoyin Kibɗawa ba. Malam ne ya rubuta jimlar isnadin da hannunsa, ya kuma nemi a rubuta "mai rauni" a nan, "ba shi da asali" a can, aka yi yadda ya ce.

Abu ɗaya Dakta ta nema ba ta samu ba. Tana so a kawo bayanin da Bernard Lewis da masanin Masar Mustafa Al'abbadi suka gabatar kan dalilin da ya sa labarin gobarar ya ɓullo a daidai wannan zamani: Salahuddin Al'ayyubi ya kawo ƙarshen daular Faɗimawa a 1171, aka sayar da littattafan fadarsu aka watsa su, don haka labarin cewa Umar ma ya taɓa halaka littattafai zai iya zama kariya ga abin da aka yi, ga shi kuma Abdullaɗif da gidan su Ibnul Ƙifɗi duk suna da kusanci da Ayyubawa. Bayanin yana da ma'ana, ni ma ina ganin ƙarfinsa. Sai dai hasashe ne, babu nassin da ya ce wane ya ƙirƙira don kare wane. Bayan mun gama cire tuhuma marar hujja daga kan Umar da Kibɗawa, ban ga yadda za mu ɗora wata a kan malamai biyu a littafin ɗalibai ba, inda "wataƙila" ke saurin zama "an ce", "an ce" kuma ta zama "ya tabbata". Ta rubuta rashin amincewarta a takardar zaman, ta ce ɗalibi na da haƙƙin ya san cewa labarai ma suna da dalilin haihuwarsu, kuma tana nan a kan ra'ayinta har yanzu.

Farar takardar ta zama ƙa'ida ga sauran maƙalun kundin: kowane marubuci sai ya haɗo ta da daftarinsa, da sunan majiya, da shekarar rasuwa, da inda majiyar ta samo. Wannan ya jinkirta aikin sosai, kuma masu ɗaukar nauyin bugawa sun yi ƙorafi. Maƙalar yaƙin Yarmuk da ta yaƙin Ƙadisiyya duk sai da aka mayar wa masu su, domin adadin rundunonin da suka kawo ya sha bamban daga ruwaya zuwa ruwaya, kuma da yawa daga bayanan Ƙadisiyya a Ɗabari ta hanyar Saifu ɗan Umar suka zo, wanda malaman hadisi suka raunana. Marubucin maƙalar Amru shi aka ɗora wa bin isnadan waɗannan biyun, shi da Malam, ranar Alhamis bayan la'asar.